Kabarin da Ya Ƙi Hucewa

Dogon Gawo, ta Gangara
9 ga Maris

Zuwa ga Yaya Sabi'u,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya, kai da maiɗakinka da yara, da kuma zafin Yamai. In ka manta da ni, ni ce Zahra'u ta Malam Yahaya mai haƙar rijiya. Inna ta ce in tuna maka kakarka ta Gidan Sori da kakanmu ciki ɗaya suka fito, tunda rabonmu da ganin ƙeyarka tun bikin ƙanena Amadu, shekara bakwai ke nan. Mu nan lafiya lau, sai Baba da tari ya matsa wa tun sanyin da ya wuce. Amma ka san halinsa, in ka ce ya kwanta sai ya tambaye ka ko kai ka haife shi.

Na rubuto ban kira ba, don wayar gidan nan ta maigidana ce, kuma ba ta kamawa sai an hau tudun bayan masallaci, inda rabin gari ke taya mutum saurare. An ce aikinka a buro, wato ofis, shi ne duba duwatsu. Da na ji haka dariya na yi, na ce ashe akwai wanda ake biya don ya zauna yana kallon dutse. To ga shi yau ni ke neman ka.

Baba da Amadu suna haƙa rijiya a gonarmu ta gabas. Baba ya daina shiga rami, Amadu ke ƙasa, shi kuma yana zaune a baki, duk gugan da ya fito sai ya damƙi ƙasar ya shinshina. Sun wuce jar ƙasa, sun wuce farar laka. A gaba ashirin da biyu sai suka tarar da wani baƙin dutse mai ɓarewa fale-fale, wani faɗinsa ya kai allon karatu, wani ya fi. In ka fasa shi warin kananzir yake yi. Kaurinsa ya kai gaba biyu kafin su fita daga cikinsa, yanzu ga tulinsa can gefen rijiya. Baba ya haƙa rijiya ta fi arba'in, daga Agye har bakin iyaka, ya ce bai taɓa cin karo da irinsa ba.

Ni kuwa duwatsun murhuna sun farfashe, sai na sa aka ɗauko mini guda uku masu kauri na girka tukunya. Na hura wuta, na yi talge, na tuƙa. Itace ya cinye, wuta ba ta mutu ba. Da na duƙa sai na ga duwatsun ne da kansu ke ci, harshen wuta rawaya, hayaƙi baƙi ƙirin mai shaƙe maƙogwaro. Maigidana ya kai loma ɗaya ya tambaye ni ko da bututun moto na tuƙa tuwon. Har la'asar suna ja. Da suka huce sai suka koma fari-fari, ba nauyi, kana taɓawa suna rugujewa.

Na kira Baba ya gani. Ya duba, sannan ya ce, "Dutsi ba shi cin wuta. Wanga abu ban san shi ba." Ya juya ya fita. Ni dai ban taɓa jin Baba ya ce bai san wani abu na cikin ƙasa ba, kuma gaskiya abin ya tsaya mini a rai.

Ga guntu uku nan cikin tsumma, na ba direban Gazawa ya miƙa a tashar Maraɗi. Ka duba mana, ka ci albashinka da hujja ko sau ɗaya.

Ƙanwarka,
Zahra'u

Yamai
4 ga Afrilu

Zuwa ga ƙanwata Zahra'u,

Wa alaikumus salam. Saƙonki ya iso, duka da tsumman da baƙar maganar. Muna lafiya. Ki gaishe da Inna, ki ce mata na karɓi laifina. Tarin Baba kuwa kada a yi wasa da shi, a kai shi likita a Gazawa ko da zai yi faɗa.

Zahra'u, kin san abin da kika girka tuwo a kai? Na daka guntu ɗaya na zuba a kwalbar gwaji, na toshe, na gasa. Ba a jima ba sai ga baƙin mai yana ɗiga ta ɗaya gefen. Maigidana na buro ya zo wucewa, ya tsaya, ya manta inda za shi.

Ga yadda abin yake. A zamanin da babu mutum ko ɗaya a ƙasar nan, akwai wuraren da ruwa ya kwanta. Ciyayin ruwa da ƙananan halittu suna mutuwa suna nutsewa cikin laka, wata lakar tana binne wata, har ta daskare ta zama dutse. Maiƙonsu bai tafi ko'ina ba, yana nan cikin dutsen. Man da ake haƙowa a gabashin ƙasarmu ya riga ya narke tun a ƙarƙashin ƙasa, shi ya sa ake zuƙo shi da bututu. Wannan kuwa bai nuna ba, sai an haƙo dutsen an dafa shi kafin ya saki mai. A Maroko, inda na yi karatu, na ga duwatsu irinsa, an yi shekaru ana neman hanyar cin amfaninsu ba tare da asara ba. Akwai ƙasashen da ke ƙona shi su samu lantarki. Wahalarsa ita ce yana shan ruwa da yawa wajen aiki, kuma tokar da yake bari ta kusa kai yawan dutsen da aka haƙo.

Saboda haka kada Amadu ya fara zaɓen mota. Gaba biyu a rijiya ɗaya ba arziki ba ne. Sai an huda ƙasa wuri-wuri an ga iyakar inda ya shimfiɗa, kuma wannan aikin shekaru ne, in ma an yarda a yi shi. Amma ni a sanina ba a taɓa kawo mana irinsa daga jihar Maraɗi ba, kuma ba zan ɓoye miki ba, na kwana biyu ina murna kamar an yi mini haihuwa.

Abin da nake roƙo shi ne ku adana shi. Dutse ne mai daraja, kada ku bar shi ya watse a banza, kada kuma a ƙara sa shi a murhu, hayaƙinsa ba shi da kyau ga ƙirji. Ƙarshen watan nan za a tura mu arewa aikin daji, wajen wata biyu ko uku, inda ba waya. In na dawo zan zo da kaina in ga rijiyar.

Ki ce wa Baba wannan karon ɗan lakol, ɗan bokon nan, ya san abin da bai sani ba. Ki faɗa daga nesa.

Yayanki,
Sabi'u

Yamai
2 ga Mayu

Zahra'u,

Gaisuwa a gurguje, a tasha nake, motarmu na shirin tashi. Ina fatan jikin Baba da sauƙi.

Jiya na sake duba sauran guntun da madubin ƙara girma, na ga abin da ban lura da shi ba da farko. Akwai ƙananan ƙwayoyi masu ƙyalli kamar zinariya a cikinsa, da yawa. Irin waɗannan in suka samu danshi da ƴar iska sukan yi zafi da kansu, ba tare da kowa ya kawo wuta ba. In dutsen yana tare wuri ɗaya, zafin ba ya samun hanyar fita, yana iya taruwa har maiƙon ya kama, ya yi ta ci a hankali daga ciki.

Don Allah kafin ruwan farko ku baza tulin nan, ya zama shimfiɗe a fili a kan tudu. Kada a tara shi a rami, kada a rufe shi da ƙasa, kada a kai shi kusa da rumbu ko ɗaki. Na ce ku adana, ban faɗi yadda za ku adana ba, laifina ne.

Zan ba direba wannan yanzu.

Sabi'u

Dogon Gawo
14 ga Yuni

Yaya Sabi'u,

Assalamu alaikum. Ina fatan ka dawo daga daji lafiya, ko kuma wannan ta jira ka a buro. Tun wasiƙarka ta Afrilu ban sake jin ɗuriyarka ba.

Baba ya rasu. Ranar uku ga wata, da hantsi, a ɗakinsa, Inna na riƙe da kansa. Mun kai shi likita kamar yadda ka ce, aka ba shi magani, ya sha na kwana huɗu ya ce ya ishe shi. Ya ga ruwan rijiyarsa kafin ya tafi. Amadu ya kawo masa a moɗa, ya kurɓa, ya ce da ɗan ɗaci amma za ta gyaru. Na karanta masa wasiƙarka tun lokacin da ta zo, har wurin da ka ce in faɗa daga nesa. Ya yi dariya har tari ya sarƙe shi.

Ina so in ba ka labarin jana'izar, don akwai hannunka a ciki, kuma na san za ka ji daɗi. Mu mata ba mu je ba, Amadu ne ya faɗa mini. Ka san in an sa mamaci a ɗan ramin ciki, sai a jera itace a kai a toshe da ganye da laka kafin a tura ƙasa. To itace ya zama abin da ya zama a nan. Ba a saran ɗanye, busasshe kuwa mata sun tsince shi tun rani. Mutane suna ta zagaye gida-gida ana neman abin jerawa, har wani ya fara zare sandunan danga. Sai Amadu ya tuna da dutsen nan, ya ce ai Yaya Sabi'u ya rubuto cewa mai daraja ne, kada a bar shi a banza, wa ya fi cancanta da shi in ba wanda ya gano shi ba? Aka tambayi Liman, ya ce dutse mai tsarki ne, babu laifi.

Aka zaɓo masu faɗi guda tara. Amadu ya ce sun zauna daram kamar don kabarin aka yanka su, ko tsinke ba zai shiga tsakaninsu ba. Kuma ka san maƙabartarmu a kwari take, yashi ne, duk damina sai ruwa ya zaizaye kaburbura an koma gyara. Don haka bayan an tura ƙasa kaɗan, sai suka ɗebo ɓarɓashin baƙin dutsen amalanke huɗu suka tula a kai, suka daddanna, suka yayyafa ruwa, suka shafe da yashi. Dattawa suna ta yabawa. Wani ma ya ce in tasa ta zo a yi masa haka.

Na ji sanyi a raina, Yaya. Mutum ya yi shekara hamsin yana fito da cikin ƙasa waje don mutane su sha ruwa, ga shi abin da ya fito da shi na ƙarshe ya zama rufinsa. Sauran tulin yana nan gefen rijiya, ba wanda ya taɓa maka.

An yi ruwan shuka kwana biyar bayan rasuwar, mun shuka gero. Inna tana jurewa. Ka sa shi a addu'a.

Zahra'u

Dogon Gawo
20 ga Yuli

Yaya Sabi'u,

Assalamu alaikum. Lafiyar jiki muna da ita. Sauran kuwa ka karanta.

Wasiƙarka ta biyu ga Mayu ta iso shekaranjiya. Direban ya ce ta faɗa bayan kujera, sai da ya je wankin mota ya gan ta. Ya ba ni haƙuri yana dariya. A tsaye na karanta ta.

Kabarin Baba yana hayaƙi.

Jaye ne ya fara gani, Bafulatanin da ke bi da shanunsa ta bayan maƙabarta zuwa fadama. Yau kwana goma sha shida, da safe bayan an kwana ana ruwa, shanun suka zo daidai shingen ƙaya suka toge, suka ƙi gaba. Ya leƙa ya ga wani siririn hayaƙi yana fita ta wajen kai. Ya zo ya faɗa wa Amadu a keɓe, bai faɗa wa kowa ba, Allah ya saka masa. Amma hayaƙi ba ya ɓoyuwa. Kafin azahar maza sun cika wurin. Amadu ya dafa ƙasar ya ji ta da zafi kamar goshin mai zazzaɓi.

Na je da kaina, na tsaya bayan shinge. Rana tsaka, gari fes, tsuntsaye na kuka. Duk kaburbura sun yi kore da ciyawa, nasa kaɗai ne ƙwal, ga wani rawayan gishiri ya feso a gefensa. Hayaƙin ba shi da yawa. Yana fitowa, ya tsaya, ya sake fitowa, kamar mai numfashi. Warinsa na ruɓaɓɓen ƙwai ne. Wata akuya ta kutsa ta shinge ta je ta kwanta a jikinsa tana lumshe ido. Ban yi kuka ba, tsoro ne ya kama ni, kuma ina jin kunyar faɗa maka cewa tsoron ubana na ji.

Ba wanda ya zo ya faɗa mana magana a fuska. Ka san mutanenmu. Gaisuwa ce dai ta gajarce. Ranar sadakar arba'in mun yi waina kwano shida muka rarraba, kwano huɗu suka dawo yadda suka tafi, wai an ƙoshi. Wata tsohuwa ta rasu makon jiya, ƴaƴanta suka sa aka yi mata kabari can ƙarshen shinge, nesa da na Baba. Kuma an tono wani tsohon zance, wai shekara talatin da suka wuce a Sae Sabuwa wani abokin aikin Baba ya mutu a cikin rijiya, Baba ne ke riƙe da igiya. Kowa ya san igiyar tsinkewa ta yi. Yanzu ana tambayar ko tsinkewa ta yi. Mutanen da ke faɗin haka da ruwan rijiyarsa suke alwala.

Inna ta daina cin abinci sai fura kaɗan. Ba ta zargin kowa. Tana zaune tana lissafa shekarunsu tare, tana neman inda ya yi abin da ba ta sani ba. Wannan ya fi komai ci mini rai.

Jiya na sa Amadu ya raka ni wurin Liman, na karanta masa wasiƙarka daga bayan labule. Ya saurara har ƙarshe, mutumin kirki ne. Sannan ya ce, "Na ji, ɗiyata. To amma tulin da ag gefen rijiya ya ninka na kabari sau goma, kuma ruwa guda ya dake su. Don mi shi bai yi hayaƙi ba?"

Amadu ya je ya tura hannu cikin tulin har gwiwar hannu, sanyi ƙalau.

Kai ka san dutse. Ka rubuto abin da za a karanta a masallaci. Ka ce dutsen ne, ka rantse in ana so.

Zahra'u

Yamai
6 ga Agusta

Ƙanwata Zahra'u,

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Allah ya jiƙan Baba, ya sa ya huta, ya ba ku haƙuri. Na dawo jiya na tarar da wasiƙunki biyu a kan tebur, na karanta su a jere. Ban iya cin abinci ba. Kalmata ce Amadu ya ɗauka ya rufe mahaifinsa da ita, kuma gargaɗin da ya kamata in kira in faɗa ko ta wayar wa, na ba direba na hau mota. Ku yafe mini.

Na sa wata takarda daban a cikin ambulan ɗin nan, ta Liman ce. A ciki na bayyana yadda dutsen ke zafi da kansa, da warin, da rawayan gishirin, duk alamunsa ne, an san su a wasu ƙasashe. Na kuma amsa tambayarsa. Tulin rijiya a kan tudu yake, iska na ratsa shi, rana na busar da shi. Na kabari a kwari yake, an daka shi ƙanana, an jiƙa, an danne, an rufe, ga kuma rami a ƙarƙashinsa mai riƙe iska. Duk abin da na rubuta a can gaskiya ne.

Amma ke kin ce in rantse, kuma ba zan yaudare ki ba. Duk inda na karanta irin wannan ta faru, tuli ne babba, kamar tudun gari. Amalanke huɗu kaɗan ne. Na tambayi maigidana ba tare da na ce kabari ba ne, ya girgiza kai ya ce da wuya, sai dai in dutsen ya fi duk wanda ya sani ƙarfi. Zuciyata ta ce dutsen ne. Ilimina ya ce mai yiwuwa ne. Ba zan ɗora hannu a kan Alƙur'ani da mai yiwuwa ba.

Ga abin da ya fi rantsuwata. Ku haƙa rami a gindin gonarku inda ruwa ke kwanciya, daidai da kabari, zurfi da faɗi da ɗan ramin ciki, amma ba kowa a ciki. A jera dutse tara, a tula amalanke huɗu, a yi komai yadda aka yi, a gaban Liman da dattawa. Sai a jira. In ramin da ba kowa ya yi hayaƙi, bakin kowa ya mutu. Ni ma ina buƙatar sanin sakamakon, don in ya kama, zan sa a rahoton da zan kai don a zo a huda ƙasarku.

Wani abu kuma da zai kwantar miki da hankali. Wuta irin wannan da danshi take rayuwa. Da zarar ruwa ya ɗauke ƙasa ta bushe, ƙaramin tuli kamar wannan zai huce cikin mako biyu, in ya daɗe uku. Wannan kam na tabbata.

Za a sake tura mu arewa jibi, na roƙi izini an hana. Bayan girbi zan zo. Ki riƙe Inna.

Yayanki,
Sabi'u

Dogon Gawo
27 ga Oktoba

Yaya Sabi'u,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka da iyali. Mun yi girbi, gero ya yi kyau, wake ne dai tsutsa ta taɓa. Inna ta warware, tana cin tuwo, har ta koma faɗa da jikoki. Na san labari ya riga ya iso maka ta wayar Amadu cewa ramin ya yi hayaƙi. Ya ce ka yi ta hamdala. Ka zauna ka karanta wannan kai kaɗai.

An yi yadda ka ce. An karanta takardarka a masallaci, aka haƙa ramin a gaban kowa, Liman da kansa ya ƙirga duwatsun. Ya ce a ba shi kwana arba'in, tunda na Baba bai kai haka ba ya fara. Kullum da safe sai dattawa biyu su je su dafa. Ni ma ina zuwa in na kai abinci gona. Kwana goma, sanyi. Kwana ashirin, sanyi, har ciyawa ta fara tsirowa a kai. Ana ruwa kamar da bakin ƙwarya, ba abin da ya rasa. Mutanen da suka fara sakin fuska suka sake ɗaurewa, kuma yanzu abin ya fi na da muni, don mu da kanmu muka kawo shaida. Inna ta kwanta. Ta kira ni ta ce in ta mutu kada a ji tsoro, a sa ta kusa da shi, ko me yake ciki su raba.

Ranar kwana talatin da uku Juma'a ce. Maza duk sun tafi Gangara salla, gari ya rage mata da tsofaffi. Na cika kasko da garwashin gawo, na rufe da faifai, na ɗora a ƙwarya kamar mai kai abinci, na ɗauki busasshen kashin shanu da guntun galma. Na je ramin. Na tona ta gefe, ƙaramar kafa irin ta gafiya, har na kai ga ɓarɓashin da bai jiƙe sosai ba. Na tura kashin shanun, na juye garwashin, na yi ta fifita har na ji warin nan da na sani. Na toshe, na bar ƴar hanyar iska ta ƙarƙashin ciyawa, na share sawuna da reshe.

Da na ɗago sai ga Jaye tsaye a kan iyakar gona, ya harɗe hannu a kan sandarsa, shanunsa na kiwo. Ban san tun yaushe yake nan ba. Muka kalli juna. Ya ce, "Sannu da aiki, ɗiyar Yahaya. Babanki ya ba shanuna ruwa shekara ashirin." Ya kaɗa shanunsa ya wuce. Bayan kwana biyu shi ne ya je ya faɗa wa Liman ya ga hayaƙi a ramin da ba kowa.

Gari ya ɗauka. Aka yi ta zuwa kallo har daga ƙauyuka, ana dafawa ana salati. Liman ya tara mutane a maƙabarta aka yi wa Baba addu'a, ya yi wa'azi mai zafi a kan zato. Matan da suka maido mana waina suka zo ɗaya bayan ɗaya suna neman gafara, wata har da kuka. Na ce na yafe. Inna ta tashi zaune a ranar ta nemi ruwan wanka.

Ban yi nadama ba, kada ka yi tsammanin neman gafararka nake. Da za a sake, da na sake. Abu biyu ne suka sa na rubuto. Na farko, kada ka sa a rahotonka cewa ramin ya kama da kansa. Ban so a kawo injuna a huda gonakin mutane a kan garwashina, kuma ban so ƙaryata ta zama taka. Ka nemi dabarar da za ka yi shiru.

Na biyu, ba ni da wanda zan faɗa wa sai kai. Garin nan kaf ya samu amsa. Inna ta samu, Amadu ya samu, Liman ya samu. Ni da na ba su ita, ni kaɗai ce ban da ita. In na yi salla na zo yi masa addu'a sai in rasa me zan roƙa, rahama irin ta kowa, ko sassauci.

Ramin gona ya ci kwana tara ya mutu, yanzu toka ce ta lotsa. Ruwan ƙarshe an yi shi ranar biyu ga watan nan, yau kwana ashirin da biyar, ƙasa ta bushe har ta tsage. Ka ce mako biyu, in ya daɗe uku, ka ce ka tabbata. Jiya Amadu ya je ziyara maƙabarta, ya dawo da fara'arsa, ya tsaya a bakin ɗakina yana kaɗe takalmi.

Ya ce, "Yaya, har yanzu da zahi hwa. Dutsin nan namu ƙarhi gare shi."

Na ce masa haka ne.

Ƙanwarka,
Zahra'u